Akawu da Manaja a Gaban Alƙali: Tarihin Rigimar Jarrabawar Ƙarin Girma a Bankunan Indiya

Duk wanda ya buɗe kundayen hukunce-hukuncen Kotun Ƙolin Indiya na shekaru 50 da suka wuce zai yi mamakin yawan shari'un da suka taso daga abu guda. Akawun banki ko ƙaramin jami'i ya zauna jarrabawar ƙarin girma, sakamako ya fito babu sunansa, wanda ya zo aiki a bayansa ya haye, shi kuwa ya ce bai yarda ba. Daga ƙaramin reshe a ƙauye maganar takan taso, ta bi ta Babbar Kotun jiha, ta dangana da Delhi bayan shekaru masu yawa. Manajoji da masu kishin gyaran bankuna sun daɗe suna kallon wannan a matsayin ɓata lokaci, suna cewa ma'aikatar da ke juya kuɗin jama'a bai kamata ta riƙa neman izinin alƙali ba kafin ta zaɓi shugabanninta. Ni ra'ayina ya sha bamban da nasu. Waɗannan ƙararraki su ne suka raba ƙarin girma da alfarma a bankunan gwamnatin Indiya. Da can kyauta ce da maigida yake bai wa wanda ransa ya so; a hankali ya koma alkawari rubutacce, wanda in banki ya saɓa ana iya tsayar da shi ya yi bayani. Kuma kotu ta cim ma haka ba tare da ta karɓe jan biro daga hannun mai maki ba.

Kafin 1969, yawancin manyan bankunan ƙasar suna hannun gidajen attajirai da al'ummomin 'yan kasuwa. United Commercial Bank, alal misali, gidan Birla ne ya kafa shi a 1943, Indian Overseas Bank kuma ya fito daga 'yan kasuwar Chettiar na kudu a 1937. A irin waɗannan wurare ɗaukar aiki da ɗaga mutum sama sukan bi dangantaka da gari da ajin haihuwa, domin mai banki yana son wanda ya san gidansu ya riƙe masa makullin taska. Ma'aikata sun kafa babbar ƙungiyarsu ta ƙasa a 1946, kuma gwagwarmayarsu ce ta haifar da hukuncin kwamitin Sastry a 1953, da na Desai a 1962, da yarjejeniyar farko tsakanin ƙungiyoyin ƙwadago da masu bankuna a 1966. Waɗannan sun daidaita albashi da alawus da lokutan aiki, sun raba ma'aikata aji aji, masinjoji daban, akawuna daban. Amma tsanin da akawu zai taka ya zama jami'i an bar shi galibi a hannun masu banki. Mutum yana iya shekara 20 yana rubuta lissafi mai tsabta, in manaja bai ambaci sunansa ba, nan zai tsufa, kuma babu ƙofar da zai ƙwanƙwasa.

Ranar 19 ga Yuli 1969 gwamnatin Indira Gandhi ta karɓe manyan bankuna 14, waɗanda ajiyar kowannensu ta kai rupi miliyan 500, sannan a 1980 ta ƙara da wasu 6. Manufar ita ce a kai banki karkara, kuma an kai shi: rassa sun tashi daga kusan 8,000 a 1969 zuwa kusan 60,000 a farkon shekarun 1990. Kowane sabon reshe yana buƙatar manaja da mai duba lamuni, don haka sai da aka samar da jami'ai dubbai cikin ƙanƙanin lokaci, yawancinsu daga cikin akawuna. Babu shugaban da zai iya sanin wannan taro da ido. Jarrabawa ta shigo ne saboda wannan larura. A 1975 Cibiyar Nazarin Gudanar da Bankuna ta buɗe sashen tantance ma'aikata, wanda ya zama hukuma mai cin gashin kanta, IBPS, a 1984. Ƙa'idojin aikin jami'ai na 1979, waɗanda suka biyo bayan rahoton kwamitin Pillai, sun jera muƙaman jami'ai mataki bakwai. Sai dai babban sauyin a fannin doka ya faru. Tun da banki ya zama na gwamnati, kotuna suka ɗauke shi a matsayin hukuma a ƙarƙashin sashe na 12 na tsarin mulki, wato sashe na 14 da na 16, masu hana nuna bambanci da tabbatar da dama ɗaya ga kowa a aikin gwamnati, sun hau kansa. Daga nan akawu ya sami damar tafiya kai tsaye Babbar Kotu a ƙarƙashin sashe na 226 ya ce a kira bankinsa.

Inda rigimar ta fi zafi shi ne bankunan karkara na yankuna, waɗanda aka fara buɗewa ranar 2 ga Oktoba 1975, har yawansu ya kai 196. A lokacin ƙanana ne, kowanne yana da gunduma ɗaya ko kaɗan, ma'aikatansa sun san juna, kuma da yawansu lokaci guda aka ɗauke su. Da lokacin ƙarin girma ya zo, sai ga mutum 30 ko 40 suna kallon gurabe kaɗan. Ƙa'idojin 1988 sun ce a wasu muƙamai za a bi daɗewa a aiki tare da cancanta, daɗewar ce a gaba. Amma bankuna da dama suka raba maki 100 ko fiye tsakanin shekarun aiki da takardun ilimi da rahoton ƙwazo da ganawar baka, suka tara wa kowa nasa, suka ɗauki waɗanda suka fi maki. A ido wannan adalci ne, kuma na yi imani wasu shugabannin da zuciya ɗaya suka yi shi. Kotun Ƙoli ta duba lamarin a shari'ar Sivaiah a 1998, inda ta haɗa ƙararraki daga bankuna irin su Rayalaseema da Pinakini a Andhra Pradesh, da Bastar da Rewa Sidhi da Chhindwara-Seoni a Madhya Pradesh ta wancan lokaci. Abin da ta ce a sauƙaƙe shi ne hanya biyu ce, kuma ba a gauraya su. In ƙa'ida ta sa daɗewa a gaba, banki yana da ikon gindaya mafi ƙarancin cancantar da muƙamin yake bukata, ya gwada kowa a kanta. Duk waɗanda suka tsallake, sai a bi su bisa jerin shigarsu aiki, ko da na baya ya fi na gaba maki. In kuwa ƙa'ida ta sa cancanta a gaba, to gasa ce, wanda ya fi maki shi ne da wuri, daɗewa sai dai ta raba gardama. Bankin da ya rubuta ta farko ya aikata ta biyu ya saɓa wa ƙa'idarsa. Wanda ya sa mafi ƙarancin maki sannan ya bi jerin daɗewa, kotu ta bar masa zaɓensa.

A nan ne masu suka suke cewa alƙalai sun ɗaure wa lalaci gindi, sun fifita tsoho mai gyangyaɗi a kan matashi mai himma. Wannan suka ba ta karanta hukuncin da kyau ba. Kotu ba ta ce daɗewa ta fi cancanta daraja ba, kuma ba ta hana kowace hukuma zaɓen gasa zalla ba. Gwamnati ce ta rubuta ƙa'idar, ita ce kuma take da ikon sauya ta, kamar yadda ta sake fasalin ƙa'idojin bankunan karkara a 1998 da 2010 da 2017. Abin da kotu ta hana shi ne a sanar da ma'aikaci hanya ɗaya, ya gina rayuwarsa a kanta, ya karɓi aiki a ƙauyen da babu lantarki yana ƙirga shekarunsa, sannan ranar rabo a fito da wata hanya daga aljihu. Mai awo da ya nuna wa mai saye mudu ɗaya ya auna masa da wani ya ci amana, ko da mudun na biyu ya fi kyau. Dole kuma a faɗi gaskiya cewa hukuncin bai kashe wutar ba. Bankin Rewa Sidhi ya sake komawa gaban Kotun Ƙoli a shari'ar Harigovind Yadav a 2006 kan irin wannan laifi. Wasu bankuna kuma suka gano cewa in aka ɗaga mafi ƙarancin maki sama sosai, an mai da tantancewa gasa ta bayan gida. A shari'ar Rajendra Kumar Srivastava a 2009 kotu ta tabbatar cewa gindaya mafi ƙarancin maki halas ne, muddin bai yi tsananin da zai rushe daɗewar da ƙa'ida ta yi alkawari ba. Iyakar tsananin kuwa ba a zana ta da lamba ba, shi ya sa lauyoyi ba su rasa abin ja ba har yau. Rauni ne na gaskiya, amma ƙaramin rauni ne in aka gwada shi da zamanin da babu ma'aunin da za a yi gardama a kansa.

Takardar jarrabawa ba ta cika zama mafakar son kai ba, domin tana barin shaida. Mafakar tana cikin ɗakin ganawar baka da cikin rahoton sirri na shekara, kuma a nan ma shari'u ne suka buɗe taga, ko da yake ba duka daga banki suka fito ba. A shari'ar Ajay Hasia, kan shiga kwalejin injiniya ta Srinagar, kotu ta ce ware kashi ɗaya cikin uku na maki ga ganawar 'yan mintoci zalunci ne. A shari'ar Lila Dhar a 1981 ta sassauta, ta ce inda ake zaɓen manya masu gogewa ganawa tana iya ɗaukar nauyi mai yawa, sannan a shari'ar Ashok Kumar Yadav a 1985 ta sake jan kunne kan yawan makin ganawa a jarrabawar shiga aikin jihar Haryana. Darasin da bankuna suka ɗauka shi ne a faɗi nauyin ganawa tun farko, kuma a ajiye takardar makin da kowane mai tambaya ya bayar. Rahoton sirri ya fi daɗewa a duhu. A da, al'ada ita ce a sanar da ma'aikaci mummunan rahoto kawai. Sai ya zama shugaba yana iya kashe mutum da yabo: ya rubuta masa "mai kyau" alhali ƙarin girma yana bukatar "mai kyau ƙwarai", shi kuwa bai sani ba sai bayan an wuce shi. A shari'ar Dev Dutt a 2008, wadda injiniyan hukumar hanyoyin kan iyaka ya kai, kotu ta ce a nuna wa ma'aikaci kowane irin rahoto, a ba shi damar neman gyara, kuma ta faɗa cewa wannan ya shafi kamfanoni da hukumomin gwamnati. Alƙalai uku suka ƙarfafa hukuncin a 2013. Ga jami'in banki wanda makin rahotonsa na shekaru uku yake iya rinjayar makin jarrabawarsa, wannan ya fi masa ƙarin alawus amfani.

Masu cewa alƙalai sun ƙwace ragamar bankuna ya kamata su dubi abubuwan da kotu ta ƙi yi, domin suna da yawa. Ta sha nanatawa cewa ma'aikaci ba shi da haƙƙin a ƙara masa girma. Haƙƙinsa shi ne a duba shi da adalci tare da sauran. Ta ce wanda ya san sharuɗɗa, ya shiga jarrabawa bai yi ƙorafi ba, ya faɗi, ba zai dawo ya ce sharuɗɗan ba su da kyau ba, kamar yadda ta yanke a shari'ar Madan Lal a 1995. Ta hana alƙalai sake makin takardu da kansu, ta ce amsar da hukuma ta fitar ita ce daidai sai in kuskurenta ya fito fili ba tare da dogon tawili ba, matsayin da ta ɗauka tun 1983 kan Jami'ar Kanpur ta kuma sabunta shi a 2017. A ɗaya gefen kuma ta ɗaure hukuma da igiya ɗaya mai ƙarfi, wato ba a sauya sharuɗɗa bayan an fara tantancewa. Wannan shi ne hukuncin Manjusree na 2008, wanda alƙalai biyar suka tabbatar a Nuwamba 2024. In aka haɗa waɗannan za a ga rabon aiki mai ma'ana. Banki ne yake da sanin wanda ya iya duba lamuni. Alƙali kuwa aikinsa ya tambaya ko an bi abin da aka rubuta, ko an yi wa kowa awo ɗaya.

Akwai fannin da wannan rabon aiki bai wadatar ba, shi ne batun ajin haihuwa. Tsarin Indiya ya keɓe kashi 15 cikin ɗari na gurabe ga Dalit, waɗanda a da ake ƙyamar ko taɓa su, da kashi 7.5 ga ƙabilun Adivasi. Tambayar ita ce ko wannan keɓewa za ta bi mutum har cikin jarrabawar ƙarin girma. A shari'ar N. M. Thomas, a tsakiyar shekarun 1970, kotu ta amince jihar Kerala ta ƙara wa akawunan waɗannan al'ummomi lokaci kafin su ci jarrabawar sashe. A 1992 alƙalai tara a shari'ar Indra Sawhney suka ce keɓe gurabe ya tsaya a kan ɗaukar aiki, bai kai ga ƙarin girma ba. Majalisa ta mayar da martani da gyaran tsarin mulki na 77 a 1995. A 1996 kotu ta hana rage musu makin cin jarrabawar ƙarin girma, majalisa ta sake buɗe ƙofar da gyara na 82 a 2000. A bankuna abin ya tsaya a wani matsayi na tsaka-tsaki. Daga akawu zuwa matakin farko na jami'i akwai keɓe gurabe. A tsakanin matakan jami'ai kuwa sassauci ne kawai a ƙananan matakai, inda jami'in da daɗewarsa ta kai shi cikin adadin gurabe ake sa shi a jeri in ba a same shi da gazawa ba. Ƙungiyar ma'aikatan Dalit da Adivasi ta Central Bank of India ta yi yaƙi a kan wannan har Kotun Ƙoli. Hukuncin Janairu 2015 ya ƙunshi sakin layin da ya nuna kamar sun yi nasara, amma a 2016 kotu ta ce kuskure ne, ta cire shi, ta bar wa gwamnati da bankuna su yanke shawara. Ina ganin a nan tsarin ya gaza waɗannan ma'aikata. Jarrabawa tana auna abin da mutum ya sani, amma a banki sani yana zuwa ne daga teburin da aka zaunar da kai. Wanda aka ajiye shekara goma a kan karɓar kuɗi da biya ba zai yi gogayya da wanda aka tura sashen lamuni ko na musayar kuɗin waje ba, kuma tura mutum sashe har yanzu yana hannun shugaba. Horon 'yan kwanaki da bankuna suke ba su kafin jarrabawa ba ya cike wannan giɓi.

Sukar da ta fi kowace nauyi ita ce ta jinkiri, kuma ba ni da niyyar rage mata ƙarfi. Wani ɓangare na ƙarin girman da aka yi gardama a kansa a shari'ar Sivaiah na ƙarshen shekarun 1980 ne, hukunci bai zo ba sai 1998. A tsawon wannan lokaci wanda aka zalunta yana gaishe da ƙaninsa a aiki a matsayin shugaba, wanda aka ɗaga kuma yana zaune a kujerar da bai san ko tasa ce ba. Sau da yawa abin da mai nasara yake samu ƙarin girma ne a takarda, da gyaran fansho bayan ya yi ritaya. Kwamitin Narasimham a 1991 da 1998 ya nemi a sakar wa bankuna mara a harkar ma'aikata, aka rushe hukumomin ɗaukar ma'aikatan banki a farkon shekarun 2000, bankuna suka buɗe hanyar gaggawa ga matasa masu ƙwazo a gefen hanyar daɗewa. Duk wannan ya dace, kuma kotu ba ta tare shi ba. Amma jinkiri ciwon kotunan Indiya ne gaba ɗaya, ya shafi rigimar gona kamar yadda ya shafi ta banki, kuma maganinsa a gaggauta shari'a. Ribar waɗannan ƙararraki ma ba masu kai su ne suka fi cin ta ba. Dubban da suka zo daga baya ne suka tarar da sanarwa mai faɗin adadin gurabe, da nauyin kowane ɓangare, da makin tsallakewa, da hanyar ɗaukaka ƙara a cikin gida, domin sashen ma'aikata ya san cewa duk abin da ya rubuta wata rana lauya zai karanta shi.

Wannan kariya ba ta kai ga kowa ba. A 2003, a shari'ar Federal Bank da Sagar Thomas, Kotun Ƙoli ta ce bankin 'yan kasuwa ba hukuma ba ne don kawai babban banki yana sa masa ido, saboda haka jami'insa ba zai bi hanyar sashe na 226 a kan rigimar aikinsa ba. Mai karatu a Najeriya zai gane wannan rabuwa, domin ƙasashen biyu daga dokar Ingila suka gaje ta: kotunanmu ma sun bambanta aikin da doka ta kafa sharuɗɗansa da aikin da ke tsakanin maigida da yaronsa. A Indiya bankunan gwamnati sun ragu zuwa 12 bayan haɗewar 2020, na karkara sun koma 28 a 2025, bankunan 'yan kasuwa kuwa sai ƙara ɗaukar ma'aikata suke yi, kuma a can makin da shugaba ya bayar a ƙarshen shekara shi ne yake yanke makomar mutum. Ba na cewa a ɗora musu dukkan ƙa'idojin aikin gwamnati. Abu uku dai sun cancanci shiga dokar ƙwadago ta kowane banki, na gwamnati ko na 'yan kasuwa: a bayyana sharuɗɗan ƙarin girma kafin a fara, a nuna wa ma'aikaci makinsa da rahotonsa, a kuma ba shi wurin kai kuka wanda zai yanke hukunci cikin watanni, a gaban wanda ba shi ne ya ba da makin ba.